Buɗaɗɗiyar wasiƙa zuwa ga Ƙungiyar Bankunan Nijar kan takardun sulhun bashi da ake ba ƴan kasuwar Maraɗi

Zuwa ga Shugaba da membobin Ƙungiyar Bankuna da Cibiyoyin Kuɗi ta Nijar, APBEF, a Yamai, da daraktocin rassan bankuna da ke Maraɗi.

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Ranku ya daɗe, muna gaishe ku da aiki, muna yi muku fatan alheri, ku da ma'aikatanku da iyalanku.

Ni mai riƙe wa ƴan kasuwa littafin lissafi ne a nan Maraɗi. Duk takardar da aka rubuta da Faransanci, ta lampo ce ko ta duwan ko ta banki, takan biyo ta hannuna don in karanta wa mai ita, kuma sau da yawa sai bayan ya riga ya sa hannu yake kawo ta. Da yawun waɗannan mutane nake magana: masu sayen aya da wake da riɗi a Cadawa da Gazawa da Tasawa suna kai wa Jibiya da Dawanau, masu kantunan atamfa da kayan masarufi a babbar kasuwa, masu manyan motoci, da matan da suka ɗauki rance don sana'ar mai da ƙuli. Akwai kuma waɗanda ba su ci ko dala ba, sun dai tsaya wa ƙane ko abokin ciniki, yau ga sunansu a takardar wisiye, wato ma'aikacin shari'a mai kai sammaci da kamun kaya.

Ba yafiyar bashi muka zo nema ba. Bashi hanji ne, yana cikin kowa, kuma mun san kuɗin da banki ya ranta mana ajiyar wani ce, wataƙila ta malamin makaranta ko ta marayu. Mun kuma san a cikinmu akwai waɗanda suka ci kuɗin banki suka ƙara aure, da waɗanda suka sayar da kayan da suka jinginar suka tsallaka iyaka. Waɗannan ba mu da abin cewa a kansu, doka ta yi aikinta. Maganarmu a kan mutumin da ya amsa kira ne, ya zo da ƙafarsa ya zauna a gaban ma'aikacinku, ya ce yana son ya biya. Shi ake miƙa wa takardar sulhu, wadda a banki ake ce wa furotokol. Yadda ake rubuta ta a yau, ƙafar mai bashi kaɗai take ɗaurewa. Banki yana fitowa daga zaman da makamin da bai shiga da shi ba, shi kuwa ɗan kasuwa yana fitowa yana murna an sassauta masa.

Kun san yadda aka kai ga wannan hali. Nijeriya ta rufe iyakarta daga Agustan 2019 har Disamban 2020. Kafin a farfaɗo sai ga canjin takardun naira, sai faɗuwar darajarta daga Yunin 2023, wanda ya sa wanda ya kai aya Kano ya karɓi naira ya dawo da sefa da ba ta kai kuɗin sayen kayan ba. Ranar 30 ga Yulin 2023 takunkumin CEDEAO ya sauka, hanyar Ɗan Isa ta rufe, kaya suka maƙale a Kwatano, kuɗi suka yi wuyar fita a bankuna har mai ajiya ma sai ya bi layi a ba shi ɗan abin da aka ƙayyade. Sai ranar 24 ga Fabrairun 2024 aka ɗage takunkumin, iyakarmu da Nijeriya kuwa sai a watan Maris aka buɗe ta. A ƙarshen Agustan 2024 kuma ruwan sama ya yi ɓarnar da ba a manta ba a cikin garin Maraɗi, ya ci rayuka, ya rusa gidaje da mangazu. Duk tsawon wannan lokaci ruwan bashi bai tsaya ba, tarar jinkiri ma haka. A lokacin korona, a Afrilun 2020, BCEAO, babban bankin ƙasashenmu masu sefa, ta buɗe hanyar ɗage biyan bashi na wata uku, ana iya sabuntawa sau ɗaya, ba ƙarin ruwa ba tara. Rufe iyaka ya fi korona taɓa Maraɗi, amma a nan kowa da bankinsa aka bar shi su daidaita, kuma daga nan takardun sulhu suka yi yawa.

Ga abin da muke gani a cikinsu.

Layin farko kusan kullum iri ɗaya ne: mai bashi ya amince cewa banki na bin sa kuɗi kaza, kuma ya janye duk wata jayayya a kan wannan adadi. Adadi ɗaya ne dunƙule. Ba a raba uwar kuɗi da ruwa, ba a raba ruwa da tara, ba a nuna kuɗin lauya da na wisiye da aka cusa a ciki. Mutum ya san miliyan 8 ya karɓa, ya san ya biya wani abu, sai ya ga an rubuta miliyan 11, in ya tambaya a ce inji ne ya fitar. To a dokar ƙasa, sulhun da aka sa wa hannu yana da ƙarfin hukuncin ƙarshe a tsakanin waɗanda suka yi shi. Ma'ana, ranar da ya gano an yi masa lissafin ruwa a kan tara, ko an wuce iyakar ruwan da hukumomin kuɗi na UMOA, ƙungiyar ƙasashenmu masu sefa, suka gindaya, wadda a farkon 2014 aka saukar zuwa kashi 15 cikin ɗari ga bankuna da 24 ga ƙananan asusun rance, hanyar gyara ta riga ta ƙuntata ƙwarai. Akwai kuma abin da kusan ba wanda ake gaya wa. A dokar kasuwanci ta OHADA, ƙungiyar ƙasashen Afirka masu dokokin kasuwanci na bai ɗaya wadda Nijar ke ciki, bashin da ya taso daga ciniki yana da wa'adin shekara 5 da za a iya bin sa a gaban shari'a. Da zarar mai bashi ya amsa a rubuce cewa ana bin sa, lissafin shekarun ya koma farko. Ba mu ce wannan haramun ne ba, kuma mutumin kirki ba ya fakewa da tsufan bashi ya ƙi biya. Amma wanda zai ba da wannan babban abu ya kamata ya san ya bayar, ya kuma san me aka ba shi a madadinsa.

Na biyu, ba duk takardun sulhu ne ƙarfinsu ɗaya ba, kuma ba a bayyana wa mutane bambancin. Wadda aka rubuta a ofishin banki tsakanin mutum biyu alkawari ce kawai. In an saɓa, sai banki ya je wurin alƙali ya nemi umarnin biya. Wadda aka yi a gaban notar, wato jami'in da doka ta ba ikon tabbatar da takardu, aka buga mata hatimin zartarwa, ko wadda alƙali ya sa wa hannu tare da ɓangarorin biyu, wannan ita kanta ta isa wisiye ya fito kamun kaya ba tare da an sake zaman shari'a ba. Ɗan kasuwa ana ce masa gobe ka same mu a ofishin notar mu ƙarasa, shi kuma yana ɗauka shaida kawai za a ƙara. Ya biya kuɗin notar daga aljihunsa, bai san cewa ya sayi igiyar da za ta gajarta wa banki tafiya ba.

Alhali dokar ta matse lokaci. Dokar OHADA ta karɓar bashi da kamun kaya, wadda aka yi a 1998, an sabunta ta a Kinshasa ranar 17 ga Oktoban 2023, ta fara aiki ranar 16 ga Fabrairun 2024, wato kwana takwas kafin a ɗage mana takunkumi. A tsohuwar, wanda aka kawo wa umarnin biya yana da kwana 15 ya shigar da ƙin amincewa. A sabuwar kwana 10 ne. Abin da ke faruwa shi ne, takardar wisiye ta zo, mutum ya ruga banki, a ce masa kwantar da hankalinka Alhaji, ai muna kan sulhu, bari darakta ya dawo daga Yamai. Tattaunawa ba ta tsayar da waɗannan kwanaki. Kafin darakta ya dawo sun cika, umarnin ya zama na zartarwa, sannan a zauna sulhun da mutumin da ba shi da sauran abin riƙewa. Ko da gangan ake yin haka ko sakaci ne, sakamakon ɗaya ne.

Na uku shi ne wanda ya fi cin mutane, kuma zan daɗe a kansa. A ƙarshen takardar akwai sharaɗin da ke cewa in an saɓa biya sau ɗaya, sulhun ya rushe da kansa ba tare da gargaɗi ba, rangwamen da aka yi ya tashi, duk bashin ya zama na biya nan take. Mu ɗauki misali. Ana bin mutum miliyan 13, goma uwar kuɗi, uku ruwa da tara. Aka yi sulhu a kan miliyan 11, zai riƙa biyan jaka 500 duk wata har wata 22. Ya biya wata 14 ba fashi, miliyan 7 ke nan, saura 4 a lissafinsa. A wata na 15 motarsa ta kwana biyu a hanya, ko wanda ya kai wa kaya bai turo kuɗi ba, ya makara da mako ɗaya. Da wannan sharaɗi an koma kan miliyan 13. Abin da ya biya kuma, bisa ƙa'idar da aka saba, ruwa yake fara cinyewa kafin ya taɓa uwar kuɗi. Sai ya wayi gari ana bin sa miliyan 6, ga sabon ruwan watannin nan a kai, ga kuɗin wisiye. Mutumin da ya cika alkawari sau 14 an mayar da shi layi ɗaya da wanda bai taɓa biyan ko sau ɗaya ba.

Kuma wa ya ce kuɗin ɗan kasuwar Maraɗi duk wata suke shigowa? Mai aya da wake yana saye ne da kaka, daga Oktoba zuwa Disamba, ya ajiye a mangaza, ya sayar in farashi ya tashi da bazara. A watannin saye ba shi da kuɗi a hannu, a watannin sayarwa yana iya biyan na wata huɗu a tashi ɗaya. Mai dabbobi kasuwarsa babbar salla. Jadawalin da aka tsara don ma'aikaci mai albashi shi ake ɗora musu, kuma ma'aikacin bankin da ya rubuta shi ɗan garin nan ne, ya san haka sarai. Sulhun da aka san tun ranar rubuta shi cewa zai karye a watan Nuwamba, me aka yi ke nan in ba jinkirta kamun kaya ba bayan an tatse abin da za a iya tatsa?

Na huɗu, sulhu ba ya tsayar da abin da aka riga aka fara, sai in an rubuta. Wani dattijo mai sayar da kayan gini, wanda nake yi wa lissafi, ya yi sulhu da bankinsa, ya biya kason farko mai nauyi da kuɗin filin da ya sayar, yana kuma biyan na wata-wata. Rannan sai ga wisiye da mutanensa a bakin kanti, ranar Juma'a, kasuwa cike, suna ƙidayar buhunan siminti. Ya fito da takardar sulhun, wisiye ya ce shi ba wanda ya aiko masa da umarnin dakatawa, aikin da aka ba shi yake yi. Reshen Maraɗi ya ce maganar tana hannun sashen shari'a a Yamai, sashen shari'a ya ce tana hannun lauya. An warware daga baya, amma waɗanda suke ba shi kaya bashi sun ga abin da ya faru, kuma daga ranar suka ce sai da kuɗi hannu. A kasuwa, wannan ya fi kamun kayan kansa illa. Da na sake duba takardarsa, ba inda banki ya ɗauki alkawarin dakatar da bi ko sakin abin da aka kama. Duk alkawuran da ke ciki nasa ne. Haka asusun da aka toshe yake zama a toshe, haka gargaɗin kamun gida da aka rubuta a ofishin rajistar filaye yake zama a kan takardar gidan, mutum na biya amma ba ya iya jinginar da shi ko sayar da wani ɓangare ya ƙarasa bashin.

Game da kuɗin bi kuma, dokar ta bambanta. Kuɗin kamun da aka yi bisa hukunci ko takardar zartarwa mai bashi ke ɗauka. Wanda aka kashe wajen bin bashi ba tare da irin wannan takarda ba, asali a kan mai bin bashin yake. A takardun sulhu duka ake haɗawa a jibga wa ɗan kasuwa.

Akwai wata dabara da ta kamata a faɗa a fili. Doka ta ba alƙali ikon duba halin mai bashi da bukatar mai bi, ya ɗage biya ko ya rarraba shi har tsawon shekara ɗaya, ya kuma ce abin da aka biya ya fara sauka a kan uwar kuɗi. Wannan ita ce ƴar inuwar da ta rage wa wanda ya shiga matsi. Amma ikon bai shafi bashin ciyarwa ba, bai kuma shafi bashin da ke kan takardun alkawarin biya na kasuwanci ba, irin su taret da biye. Saboda haka idan a wurin sulhu aka jera wa mutum irin waɗannan takardu, ɗaya ga kowane wata, aka ce sa hannu nan da nan da nan, an rufe masa ƙofar alƙali a kansu. Ban taɓa jin wanda aka yi wa wannan bayani kafin ya ɗauki biro ba.

Sai masu lamuni. A Maraɗi ba a ƙin tsaya wa ɗan'uwa, kunya ba ta bari. Dokar jingina da lamuni ta OHADA, wadda aka sabunta a Lome a Disamban 2010, ta san haka ne ya sa ta kewaye mai lamuni da kariya. Dole ya rubuta da hannunsa iyakar kuɗin da ya tsaya wa, da harufa da lambobi. In bai iya karatu da rubutu ba, sai da shaidu biyu da za su tabbatar an bayyana masa abin da yake ɗauka. In wanda ya tsaya wa ya kasa biya, wajibi ne banki ya sanar da shi. In an ƙara wa mai bashi wa'adi, shi ma sai an sanar da shi, kuma yana da damar ƙin wannan ƙari. A aikace, ana yin sulhu a bayan idonsa, a ƙara shekara biyu, ruwa ya taru, sai ranar da abin ya rushe ya ji sallamar wisiye. Wani kuma kiran sa ake a ce zo ka sa hannu a matsayin shaida, ashe sabon lamuni ne a kan sabon adadi. Na ga wa da ƙane, uwa ɗaya uba ɗaya, sun daina gaisawa a kan irin wannan.

Maganar gida ita ce mai zafi. Da yawa daga rancen da ake sulhu a kansu asali ba jinginar gida a ciki. Wurin sulhu ake cewa sai an kawo takardar gida kafin a amince. Wani lokaci ma gidan ake karɓa kai tsaye a madadin bashi, da farashin da banki ya yanka. Dokar da kuke aiki da ita ta fi haka tausayi. Ta ce ba a sayar da gidan mai bashi sai an bi matakan da ta tsara, kuma duk yarjejeniyar da ta saɓa wa haka ba ta da inganci. Sai an ba shi gargaɗin kwana 20. Sharaɗin da ke cewa banki zai mallaki abin da aka jinginar in an kasa biya ba ya hawa kan gidan zama. Inda ya halatta ma, sai ƙwararre ya kimanta, kuma in darajar ta wuce bashin, a mayar wa mai shi da rarar. Gidan gado da ba a raba ba, ba a sayar da kason mutum ɗaya a ciki sai an raba. Duk waɗannan ana tsallake su da kalma ɗaya, wai ai shi ya yarda. Ya yarda ne saboda an nuna masa gwanjo, inda doka ta yarda a fara kira daga rubu'in darajar gida, kuma kowa ya san su wa ke zuwa irin wannan gwanjo da abin da suke tayawa. Gida a unguwar Zariya ko Ali Ɗan Sofo ba mutum ɗaya ke kwana a cikinsa ba. Akwai mata, akwai ƴaƴa, akwai tsohuwa a ɗakin baya da ba ta san an taɓa cin bashi ba.

Wanda Allah ya taimaka ya biya har ƙarshe ma bai huta ba. Takardar shaidar kammala biya sai ya yi ta sintiri. Takardar gidansa tana Yamai. Sunansa kuma yana nan a wurin ofishin tattara bayanan masu bashi na yankin UMOA, wanda ya fara aiki a 2016, a matsayin wanda bai biya ba, don ba a aika da gyara ba. Ya je wani banki neman kuɗin kaka a ce masa a'a, ba tare da an gaya masa dalili ba. Ragowar da aka ce an yafe kuma, in takardar ba ta faɗa a fili cewa an yafe ta har abada ba, tana iya tasowa bayan shekaru, ko a kan magada.

Mun san ku ma akwai wanda ke tsaye a kanku. Tun da sabon tsarin lissafin bankuna ya fara aiki a 2018, rancen da ya wuce kwana 90 ba a biya ba, ko 180 in na ƙananan da matsakaitan kamfanoni ne, yana shiga sahun masu shakku, sai kun ware masa kuɗi daga ribarku, kuma Hukumar Sa Ido kan Bankuna da ke Abijan tana dubawa. Wannan ne ma ya sa muke ganin gyaran zai amfane ku. Kamun gida yana cin watanni, wani ya kai shekaru, yana iya tafiya har babbar kotun OHADA, CCJA, a Abijan, a ƙarshe banki ya tashi da ginin da ba ya bukata da sunan da ya ɓaci a gari. Dama mutanenmu da yawa suna gudun banki saboda maganar riba, malamai sun yi bayani kuma ba ita ce ta kawo mu yau ba. Kowane kanti da aka rufe a gaban jama'a yana ƙara mayar da mutum goma ga ajiye kuɗi a gida da bashin hannu.

Saboda haka muna roƙon ƙungiyarku ta fitar da tsari ɗaya da kowane banki zai bi wajen sulhun bashi, kuma ya ƙunshi waɗannan.

A ba mai bashi cikakken lissafi kafin zama: abin da ya karɓa, abin da ya biya da ranakunsa, ruwa daban, tara daban, kuɗin bi daban. A ba shi daftarin sulhun ya tafi da shi gida na aƙalla mako ɗaya, ya nuna wa wanda ya amince da shi. Kada a sake cewa sai yau ko a fasa.

A rubuta shi da Hausa a gefen Faransanci, a karanta masa a gaban shaidu biyu da shi ya zo da su. Tun Maris ɗin 2025 kundin sake gina ƙasa ya ayyana Hausa harshen ƙasa, Faransanci da Ingilishi harsunan aiki. Takardar da za ta iya raba mutum da gidansa ta fi kowace cancantar a fara da ita. Mutanen nan Musulmi ne, sun san ayar bashi ta cikin Baƙara, wadda ta ce a rubuta, ta kuma ce wanda bashin ke kansa shi ne zai yi shifta. Ba mu ce ku ba shi alƙalamin ba, amma ya ji abin da aka rubuta da sunansa.

A sa sharaɗi a fili cewa muddin yana biya, banki ya dakatar da duk wani bi, kuma a ranar sa hannu a aika wa lauya da wisiye a rubuce, a ba shi kwafi ya riƙe a kanti. A buɗe asusun da aka toshe don ya iya juya kuɗin da zai biya ku da su. Idan an kawo masa umarnin biya ana cikin tattaunawa, ma'aikacinku ya gaya masa gaskiya cewa kwana 10 na tafiya.

A gyara sharaɗin rushewa. Makara ɗaya ta jawo gargaɗi a rubuce da wa'adin wata guda. In sulhu ya rushe duk da haka, rangwamen ya tsaya daidai gwargwadon abin da aka biya, wanda ya biya kashi biyu cikin uku ya riƙe kashi biyu cikin uku na sassaucin. A tsara jadawali bisa kaka da bazara ga masu amfanin gona, bisa salla ga masu dabbobi.

Kada a yi sulhu sai mai lamuni yana zaune, kuma a gaya masa ko shaida yake ko sabon nauyi yake ɗauka. Kada a nemi gidan zama a matsayin sabuwar jingina a kan rancen da asali ba shi da ita. In har sai an ba da gini a madadin bashi, ɓangarorin biyu su zaɓi mai kimantawa tare, a mayar da rara. In mai bashi ya rasu, a fara duba ko rancen na da inshorar mutuwa kafin a buga wa mai takaba ƙofa.

Wanda ya gama biya, a cikin wata ɗaya a ba shi shaidar kammalawa mai cewa ba sauran komai, a mayar masa da takardunsa a nan Maraɗi, a goge jinginar a rajista, a gyara sunansa a ofishin bayanan bashi.

Abu na ƙarshe ya shafi wurin zama. Tun Nuwamban 2017 OHADA ta yi dokar shiga tsakani a Konakiri, wadda ta ba sulhun da aka yi ta hannun mai shiga tsakani damar samun ƙarfin zartarwa ta wurin alƙali ko notar. Akwai cibiyar sulhu da sasantawa a ƙarƙashin Majalisar Ƴan Kasuwa, amma a Yamai take, tafiyar sama da kilomita 600 daga nan. Mai bashin miliyan 3 ba zai iya wannan ba. Muna roƙon ku haɗa kai da reshen majalisar na Maraɗi a samar da zama na dindindin a nan, ko da sau ɗaya a wata, da mai shiga tsakani wanda ba ma'aikacin banki ba, mai jin Hausa, wanda ya san bambancin kasuwar aya da ta siminti. Banki zai sami takardar da ke da ƙarfi, ɗan kasuwa zai sami wanda zai tambaya kafin ya sa hannu.

Muna da kwafin takardun sulhu da dama da masu su suka yarda a nuna bayan an rufe sunaye. A shirye muke mu kawo su duk ranar da wakilanku suka sa mana, a ofishin majalisar ƴan kasuwa ko inda kuka zaɓa. Muna so a yi wannan zama kafin kaka mai zuwa, lokacin da mutane za su sake shiga neman kuɗin saye.

Allah ya ƙara muku lafiya, ya yi muku jagora.

Wassalamu alaikum.

Naku,
Mai riƙe wa ƴan kasuwa lissafi, a madadin ƙananan ƴan kasuwa da masu lamuni na Maraɗi